Gyaɗa a Gafakar Malam

Shekarar da ruwa ya ɗauke tun gero bai fid da kai ba, ina aji huɗu a firamaren ƙauyenmu, can wajen Makoda. Rumbunanmu uku ne, biyu sun zama wayam, na ukun kuma sai an shiga da tsintsiya a tattaro abin da ya rage a gindinsa. Sau ɗaya a rana ake ɗora tukunya a gidanmu.

Kakana, wanda kowa ke kira Malam, ya riga ya makance. Ni ke yi masa hidima, don ba ni da surutu. Kowace Juma'a da hantsi nakan yi alwala, in sauko da gafakarsa daga ragayar da ke rataye a ɗakinsa, in baza takardun a tabarma su sha iska, in mayar. Littafin addu'o'i ne da mahaifinsa ya rubuta da hannunsa, ba ɗinki, baƙaƙen da baƙar tawada, wasulan da ja.

A lokacin ne yakan ba ni labarin mafarkinsa.

"Amaryata, jiya ma na je garin nan."

Gari ne, in ji shi, da babu gida ko ɗaya, sai rumbunan dutse jere har inda ido ya tsaya. Ba jinka gare su ba, murfinsu ma dutse ne. Abin da ke ciki karatu ne. Duk abin da wani ya taɓa rubutawa saboda Allah, asalinsa na can, gara ba ta kai masa, ruwa ba ya taɓa shi.

"Har na Babana na gani, ɗan ƙarami, kamar akurki."

"Malam, kana gani a mafarki?"

"Ke! A can har kwarkwatar kanki nake hangowa."

Inna ta adana irin gyaɗa a wani tulu, ta rufe bakinsa da tsumma, don shukar baɗi. Wata rana na dawo daga makaranta cikina na ƙugi, na zura hannu na ɗebo. Na ci rabi. Sauran na rasa inda zan ɓoye, sai na tuna babu mai taɓa gafakar Malam sai ni. Na cusa ta tsakanin takardun da fatar. Na sake yi har sau uku a makon nan.

Ɓeraye ma yunwa suke ji. Ta igiyar ragayar suka sauko.

Da Juma'a ta zagayo na buɗe gafakar, sai ɓawon gyaɗa da kashin ɓera suka zubo a cinyata. Ɓerayen sun huda fatar, sun cinye gefen takardu da yawa, wasu har tsakiya.

"Yau ba na jin ƙarar takarda," in ji Malam. "Miƙo."

Na miƙa masa. Ya bi gefen da yatsa, a hankali, yadda yake jan carbi. Ya kai takardar hanci ya sunsuna. Ya laluba tabarma, ya ɗauki ɓawo ɗaya, ya murƙushe shi.

"Shekara hamsin tana rataye ɓera bai kula ta ba. Wa ya aika masa goron gayyata?"

Bai ce amaryata ba. Da ya ɗauki sanda ya fi mini sauƙi.

"Ni ce, Malam. Irin Inna ne."

"To, tafi ki gaya mata da bakinki. In kin gama, zo da littafinki na boko."

Inna na tankaɗen dusa lokacin da na faɗa mata. Ba ta ɗago ba. Ta ce, "Kin ci kunya huɗu ta gonar baɗi, Allah ya sa kin ƙoshi." Ta tashi ta kwaɓa laka ta liƙe bakin tulun ina tsaye.

Daga ranar, kullum bayan la'asar, nakan karanta wa Malam abin da ya tsira, in na kai inda ɓera ya ci sai ya cika da ka, ni kuma in rubuta a bayan littafin lissafina da ajamina mai karkata. Mun fi wata biyu muna yi. A wurare bakwai ya yi shiru, ya motsa leɓe, ya koma baya, abin bai zo ba.

"Bar fili," yakan ce. "Yana can rumbun Baba."

Sau ɗaya na yi mafarkin garin, bayan rasuwarsa. Na sami ɗan rumbun mai kama da akurki. Na sa hannu biyu a murfin, sai na ga yatsuna duk maiƙon gyaɗa, na janye.

Littafin lissafin yana nan a akwatina. Filayen bakwai na nan yadda ya ce in bar su. Na kai wa malamai da dama, babu wanda ya san abin da ke wurin.