Gafarar da Na Je Nema a Jos ta Biyu

Laranto zuwa Rami

Ranar Alhamis, ina idar da sallar asuba na fito daga gida a Laranto, biyar da kwata, cikin sanyin nan mai shiga ƙashi. Bari in faɗi dalilin tafiyar, kada a ce yawon buɗe ido na je. Sai da na kai arba'in da biyu na shiga ajin yaƙi da jahilci. Innata ta ce me zan tsinta a can, gotai-gotai da ni. Ni kuma da bakina marar linzami na ce mata, "Ba zan mutu jahila irinki ba." Kwana tara tsakani ta rasu, ban koma na nemi gafara ba. Shekara uku ina ɗauke da wannan, sai maƙwabciyata Ngozi, wadda ta taɓa tsallakawa, ta ce ta ga Inna da ranta a Jos ta Biyu, wata duniyar mai kama da tamu, tana toya waina a Tudun Wada.

Shida saura kwata mota ta cika, naira sittin, kilomita goma sha takwas. Bayan Bukuru sojoji suka tsayar da mu a shinge. Ɗaya ya leƙo ya ce, "Mama, ina zuwa?" Na ce wurin uwata. Ya dubi furfurata, ya ce a gaishe ta.

Bakin Rami

Ga wanda bai sani ba, tsohon ramin kuza ne da ruwa ya cika. Safe da la'asar wani haske ke tasowa daga ruwan, da ƙugi irin na taransifoma. Shi ake kira Numfashi. In shuɗi ne, Jos ta Biyu zai kai ka. In kore ne, wata duniya ce da babu kowa sai duwatsu. Ja kuwa ba a shiga.

Mai tsaron wurin Baba Pam ne, tsohon leburan kuza.

"Cire ɗan kunne, cire agogo, ƙarfe ba ya wucewa," in ji shi. "Akwai haƙorin Makka?"

"Kai ka biya mini kujerar?"

Ya yi dariya. "To, Hajiyar gobe. In la'asar ta wuce ba ki dawo ba, ki nemi wurin kwana."

Bakwai da minti goma shuɗin ya taso. Na yi bisimilla na taka har gwiwa, amma zanina bai jiƙe ba. Gashin jikina ya miƙe, bakina ya cika da ɗanɗanon tsohon kwabo. Na ƙirga goma sha biyu, sai ga ni a tudu.

Jos ta Biyu

Duwatsun namu ne sak, sai dai can har yanzu ana haƙar kuza, jirgin ƙasa kuma yana aiki. Na hau shi, cikin minti arba'in ya kai mu gari bisa agogon tasha, babu shinge ko ɗaya. Daga nan na taka zuwa Tudun Wada.

Ƙamshin wainar na fara ganewa. Tana zaune gaban tanda, ƙafar hagu a miƙe, yadda ta saba. Na yi sallama na durƙusa. Ta daɗe tana dubana, har waina biyu suka ƙone.

"Daga can kike?"

"Daga can, Inna. Asabe ce."

Ta ajiye tsinken juyi. "Tawa Asaben ƙyanda ta ɗauke ta tana shekara shida." Ta kamo haɓata ta juya fuskata dama da hagu. "Ashe haka za ki zama. Goshin ubanki."

Ta zuba mini waina shida da miyar taushe, ta ce ba a magana da yunwa. Da na cinye, na faɗa mata abin da na faɗa wa tawa Innar, ban rage ko kalma ba.

"Ba ki da kunya," in ji ta.

"Ba ni da ita."

"Kin iya karatun kuwa?"

Na karanta mata rubutun jikin gwangwanin man gyaɗarta. Ta gyaɗa kai.

"Ni ba ki yi mini komai ba, yarinya. Shekara talatin da tara ina neman 'yar da za ta yi mini rashin kunya, ban samu ba. Waccan ta samu, har ta ga furfurarki. In halinmu ɗaya, fushinta bai kai magariba ba." Ta dafa kaina da hannu mai maiƙo. "In tawa gafarar za ta yi miki, na yafe, duniya da lahira."

Na wuni ina zuba mata ƙullu a tanda, tana yi mini faɗa wai ina cikawa.

Dawowa

Ƙarfe uku na kama jirgi. Ba ta raka ni ba, ta ce ta taɓa raka ni sau ɗaya, ya ishe ta. Huɗu da kwata na fito wajen Baba Pam na karɓi kayana, shida da minti ashirin ina gida.

Na gode wa Ngozi da Baba Pam. Malamai biyu na tambaya ko gafarar ta karɓu, ɗaya ya ce e, ɗaya ya ce a'a. Su ƙarata. Ni dai na ji ta da muryar uwata. Allah ya ji ƙan wadda ta haife ni, ya ƙara wa ɗayar lafiya. Alhamdu lillahi.