Ƙira a Tsaye

A gidanmu ba a ƙira a tsaye. Haka muka tarar, kuma ban taɓa jin wani ya tambayi dalili ba. Uwar maƙera a kafe take a ƙasa, tsayinta bai fi taki ba. Maƙeri ya shimfiɗa buzu ya zauna a gabanta, wuta a gefe guda, kaskon ruwa a ɗaya gefen, duk abin da yake nema hannunsa na kaiwa. Wanda ka gani a tsaye cikin rumfa, ko dai manomi ne ya kawo gyara, ko kuma ɗan aike.

Zaman ma da tsarinsa. Babban gida shi ke kan buzu da awartaki a hannu. Mai bi masa ya riƙe masaba, ya doki inda aka nuna masa. Zuga kuwa aikin yara ne, da ita kowa yake farawa, kuma in ka bar ta ka bar ta ke nan. In maƙera suka yi cacar baki a kasuwar Haɗejiya, mafi munin abin da ɗaya zai gaya wa ɗan'uwansa shi ne ya koma zuga.

Da mahaifinmu ya rasu, wana ne ya hau buzun. Ya girme ni nesa ba kusa ba, ya kuma fi ni hannu, wannan ko ni ban taɓa musu ba. Masu yankan shinkafa a fadama laujensa suke nema, masunta kuma tun daga Guri suke zuwa sayen ƙugiyarsa. Sai dai yana da ƙafa. Tun yana saurayi kurkunu ya fito masa a gwiwa, kamar yadda yake fito wa duk mai shan ruwan tafki a ƙasarmu, amma nasa ya tsinke a ciki, gwiwar ta yi ta ruwa, ta warke a sandare. Tafiya sai da sanda, tsayuwa kuwa azaba. A kan buzu ba mai sanin haka. Yakan miƙe ƙafar, har ya danne ƙotar fartanya da ita yana aiki. Akwai mutanen da suka yi shekaru suna ciniki da shi ba su taɓa ganinsa a miƙe ba.

A zamanin Turawa ne, bayan jirgin ƙasa ya ratsa ta Malam Madori. Da farko jirgin alheri ya kawo mana, don mun huta da neman tama, ga tsoffin ƙarafa suna zuwa a banza a wofi. Daga baya sai ga garmar shanu. Manoman gyaɗa na jigayin wajen Birniwa suka karɓe ta hannu biyu, kuma wanda ya ɗaura wa bijimai garma ba ya sake sayen garmar hannu da yawa. Amma yashi yana cin bakin garmar shanun, in ya cinye sai an aika Kano. Hukuma ta ga abin ya yi nisa, ta ce a koya wa maƙeran ƙasa. Gidan da ya koya za a ba shi babbar uwar maƙera da ma'auni da farantan ƙarfe, a kuma riƙa tura masa masu garma.

Bulaman unguwarmu ne ya kawo maganar, ya ce kowane gida mutum biyu, mai riƙo da mai duka. Da ya fita na ce da wana, "Yaya, an ce fa a tsaye ake yi."

Ya ce, "Na ji."

"Ko in tafi da wani cikin samari?"

"Wa ke riƙe awartaki a gidan nan?"

Ni da shi mun san abin da ke ciki: wanda ya iya bakin garma, wurinsa manoma za su dosa, kuma wanda manoma suka dosa shi ne mai maƙera, ko ina yake zaune.

Wurin koyon wata doguwar rumfar kwano ce a bayan kasuwa. Ranar farko mun ba da dariya. Muka tuɓe takalma a bakin ƙofa, kowa da buzunsa a hammata, muna dube-duben inda za a zauna. Uwar maƙerar na kan kututture, ta kai ƙugun mutum, ga wani ƙaho a gefenta. Wani dattijo daga Kirikasamma bai yi wata-wata ba ya shimfiɗa buzunsa a gindinta ya zauna, ya ɗaga kai yana kallonta kamar mai duban rumbu. Maimakon zuga-zugin fata kuma wani inji ne mai hannu, kana juyawa yana hura wuta.

Malamin da aka kawo mana ba ɗan gidan ƙira ba ne. A wurin gyaran jirgi ya tashi, can ya koyi ƙarfe. Mutum ne mai fara'a, duk wanda ya gani sai ya ce masa Baba, kuma ya san aikinsa. Mu mun saba kowace fartanya da mai ita: dogo a yi masa tasa, mace a rage mata nauyi. Shi kuwa ya ce duk bakin garma ɗaya ne, a ɗora ma'auni a zana, a yanka a kan zane, a huda rami daidai inda ƙusa za ta shiga. Muka ce ai ido ya isa. Ya bar mu muka yi da ido, sannan ya kawo garma ya ce mu ɗaura. Ko ɗaya bai hau ba. Tun daga ranar ba wanda ya sake yi masa zancen ido.

Wana ya riga kowa gane ma'auni. Hudarsa ba ta kuskure, kuma wurin shayar da ƙarfe ruwa dama ba a koya masa. Matsalar tana tsakanin wuta da uwar maƙera. A gida ba tazara, ka zaro ƙarfe ka juya kafaɗa ka ɗora. A nan sai ka ɗauko faranti mai nauyi da hannu biyu ka yi 'yan taku da shi, sannan ka riƙa zagaya kututturen kana juya shi a kan ƙahon. Mai hannu biyu a kan awartaki ba shi da na riƙe sanda. Sai ya ja ƙafar, ya jingina, ya sake ja, kafin ya isa jan ƙarfen ya dushe. In ɗaga guduma in sauke a kan baƙin ƙarfe, a mai da shi wuta, a sake.

Na je wurin malamin a keɓe na ce ko za a sauko da uwar maƙerar ƙasa. Bai yi fushi ba. Ya ce in zauna in riƙe faranti, ya ɗauki doguwar gudumar ya nuna mini inda za ta bi. Ta gaban goshina za ta wuce. Ya ce, "Ka gani, Baba? Wannan aikin ba ya yiwuwa a zaune." Gaskiyarsa ce, ko da yake a ranar ban so jin ta ba.

Haka wana ya yi ta tsayuwa. Kafin azahar gwiwar ta kumbura ta cika wando, in mun koma gida matarsa ta gasa masa da ruwan zafi, da safe ya riga ni fita. Bai taɓa cewa wash ba. Sauran gidaje suka wuce mu, suna tara bakin garma a gefe, mu muna ƙona gawayi.

Wata safiya malamin ya tsaya yana kallonmu. Can sai ya tafi ya ɗauko wani akwatin katako ya ajiye kusa da injin zuga, har da kakkaɓe masa ƙura.

Ya ce da wana, "Baba, ƙafar nan ta sha wuya. Zauna nan ka huta, ka riƙa juya mana wannan. Ƙanenka ya riƙe awartaki, in ba shi mai duka."

Gudumomi suka tsaya ɗaya bayan ɗaya. Dattijon Kirikasamma ya sunkuyar da kai yana gyara hularsa. Malamin na murmushi, shi a ganinsa ya yi abin kirki, kuma a wurinsu na jirgi ai abin kirkin ne.

Na ce, "Malam, mu a wurinmu..."

Wana ya ce, "Yi shiru. Karɓi."

Ya miƙo mini awartaki. Ya ɗauki sandarsa ya je ya zauna a kan akwatin, ya miƙe ƙafa, ya kama hannun injin. Kunya ta rufe ni har na rasa inda zan sa idona. Amma wuta ta tashi, ƙarfe ya yi ja, na zaro na kai shi da zafinsa. Kafin la'asar mun fitar da namu na farko, ya kuma hau garma daram.

A hanyar gida na ce masa da mun tashi mun bar musu wurin. Ya ce, "In na fita kai ma ka fita, garma ta koma gidan wasu. Sa'an nan me 'ya'yanmu za su ƙera?" Muka ɗan taɓa tafiya, sai ya ƙara da cewa, "Can rumfar Nasara ce. Abin da aka yi a can ba a lissafa shi."

Sauran maƙeran ma haka suka ɗauka. Maƙera ba su iya riƙe zance ba, amma wannan ko a kasuwa ban ji ya fita ba. Har muka gama, in za su wuce ta gaban injin sai su kau da kai, in kuma an tashi su gaishe shi gaisuwar mai gida.

Aka kawo mana namu kayan a amalanke, har da injin zuga. Na nemo kututturen ƙirya na kafa sabuwar uwar maƙera a kusurwa, sai da muka ɗaga rufin rumfar don guduma na taɓo ciyawa. Wana ya koma kan buzunsa. Muka yi wani tsari ba tare da mun zauna mun shirya ba: manomi ya shigo ya durƙusa ya gaishe shi, ya miƙa masa bakin garma, shi kuma ya jujjuya ya duba, sannan ya miƙo mini ya ce, "A gyara wa bawan Allah wannan." Ni in yi aikin, yara na zuga, wani ɗan wan babanmu na duka. Kowa ya san abin da ake ciki, kowa kuma ya bi.

Ni dai aikin tsaye ya karɓe ni, ba zan ɓoye ba. Nasa kuwa sai raguwa yake. Lauje ya fara zuwa kanti daga waje, mai araha, ba shi da kyau amma yana yanka. Masunta ne suka rage masa, su kuma in ruwa ya janye sai su ɗauke ƙafa. Akan wuni ba a hura wutarsa ba. Ya zauna yana wasa tsohuwar wuƙa, yana jiran wanda zai miƙo masa bakin garma ya miƙo mini.

Wata shekara ruwan farko ya sauka da yawa. A ƙasarmu ranar da ƙasa ta jiƙa ba a barin kowa a gida, yara duk suka bi mata gona shuka. A ranar kuma masu garma suka tuna bakin garmarsu ya cinye tun bara. Kafin hantsi rumfa ta cika da mutanen Birniwa, kowa na cewa bijimansa na tsaye. Ga mai duka, ba mai zuga. Sai in juya injin, in saki in ruga in zaro ƙarfe, kafin in dawo wutar ta kwanta. Wani manomi ya gaji da kallo ya naɗe hannun riga ya ce, "Maƙeri, bari in juya maka."

Wana ya ce, "Baƙo ba ya zuga a gidan nan."

Ya ajiye wuƙar. Ya lalubo sanda ya miƙe, mutane na matsawa suna ba shi hanya, wasunsu ranar suka fara ganin yadda yake tafiya. Ya tsallaka rumfar ya zauna a kan turmin da yara ke zama in suna zuga, ya kama hannun injin.

Na ce, "Yaya, yaran sun kusa dawowa."

Ya ce, "Danshi ba zai jira su ba. Sa ƙarfenka."

Na sa. A nan ba rumfar Nasara ba ce, ta mahaifinmu ce, ga kuma mutane cike. Raina ya ɓaci ƙwarai, amma hannuna bai tsaya ba. Muka yi ta yi har aka sallami na ƙarshe. Shi wannan na ƙarshen da zai fita sai ya yi turus a tsakiyar rumfa, ya dubi buzun ba kowa a kai, ya dubi wana, ya rasa ta inda zai fara. Daga bisani ya juyo ya yi mini sallama, ni da nake tsaye.

Washegari da na shigo na tarar an naɗe buzun an soke shi a rufin rumfa. Yaran sun dawo, suna tsaye a bakin ƙofa ba wanda ya iya shiga. Wana na zaune a kan turmi, har ya tashi wuta.