Na raka Alhaji Sule Kerala gyaran ido

Madarumfa zuwa Yamai

Ƙarfe biyar da rabi, bayan sallar asuba, muka bar Madarumfa. Ni ne ɗan jagora, don idon Alhaji Sule ya yi yana, kuma shekara biyu ina makarantar manya, ina iya karanta allon sanarwa. Tare muka taso, shekara ɗaya kowa ya buɗe gidan kallonsa. Da kasuwa ta mutu, shi ya koma saka fina-finan tsiraici masu araha a ɗakin baya, ni na ƙi. Nawa ya rufe, na koma lambu bakin tabki. Shi yanzu bene gare shi.

Kilomita ashirin da ɗoriya muka iso Maraɗi, muka hau kar, babbar motar Yamai, ta ƙarfe bakwai. A shingen Dogon Dutsi jandarma ya sara masa, ni ya ce in sauko da jaka.

Koci

Jirgi uku muka canza kafin Koci, a jihar Kerala. Ruwa da kwakwa ko'ina, shinkafarsu jajjaya, miya sai yaji. Ranar Talata aka yi aikin, Juma'a aka cire bandeji.

Direban da ke kai mu asibiti dattijo ne, ya yi aiki a Jidda, shi da Sule suna gwamutsa Larabci. Ya tsaya gaban wata tsohuwar silima yana ta bayani.

"Me yake cewa?"

"Malam Idi, buɗe kunnenka. Wai an yi lokacin da manyan fina-finan harshensu, Malayalam, suka daina kawo mutane, silimu na ta rufewa. Ƙananan fina-finan tsiraici, waɗanda ake ɗauka cikin 'yan kwanaki, su suka riƙe su. Da tsakar rana ake sakawa, maza na shiga da mayafi a ka. Da su masu tikiti da masu shara suka ci abinci."

"Ka dai ƙara gishiri."

"Wallahi ko ƙwaya! Har Indiya an san ni ke da gaskiya."

Direban ya ci gaba da magana, murya ƙasa-ƙasa, Sule ya daina fassarawa. Na matsa masa. Da ƙyar ya ce wai da kasuwa ta farfaɗo, matan da suka fito a fina-finan aka watsar, masu silimar ko gaisuwarsu ba sa so.

Komowa

Cikin jirgi Sule ya ce, "Zo ka riƙe mini gidan kallon. Ƙwallo kawai muke nunawa yanzu, ga ka da karatu." Tun daga Adis Ababa har Maraɗi ina juya zancen. Na hango babur, na hango rufin kwano.

Ƙarfe huɗu na yamma muka shiga gari. Jama'a suka yanyame shi, ni matata Hadiza kaɗai ta karɓi jakata. Na ce masa, "Alhaji, na gode, albasata na jira na."

Ya yi dariya. "Har yanzu kana nan da taurin kanka."

Alhamdu lillahi da muka dawo lafiya, na gode wa maƙwabtan da suka yi mini ban ruwa. Amma ba zan yi muku ƙarya ba: hanyar lambuna ta gaban benensa ta bi, kuma har yau ta bayan masallaci nake zagayawa.