Ranar da 'yata ta bi duwatsu

A shekarar da gero ya tsaya iya gwiwa ya ƙi gaba, maigidana ya tafi haƙar kuza wajen Jos. Ya ce kafin kaka za mu ji daga gare shi. Kaka ta wuce, rumbu wayam, shi ma shiru, har wata daminar ta kama.

'Yata ta fari tana firamare a lokacin. Malaminsu ya koya musu duwatsun duniya, ta dawo tana rera su tana tsince tsakuwa a dawa: Himalaya a Asiya, Andis a Kudancin Amurka, Atlas a arewacin Afirka. Ni ban san ko ɗaya ba. Ƙasarmu a shimfiɗe take, gona na bin gona, ba abin da ya fi rimi tsayi. Ita kuwa ko garin Bici da ke kusa da mu ba ta taɓa zuwa ba.

Ta tambayi surukata, "Inna, Baba a wanne yake?"

"Ke da Himalayarki! Ubanki yana bayan duwatsun Jos, can." Ta nuna gabas da muciya.

"Tsohuwa, ke kin taɓa ganinsu?"

"Da ƙafar wa zan je, ja'ira? Tashi ki ba ni wuri."

Wata la'asar hadari ya haɗo daga gabas, gindinsa baƙi ƙirin, samansa tsiri-tsiri fari fat. Mun daɗe muna roƙon ruwa, kowa ya fito kallo. Na shiga kwashe shanya, na fito babu 'yata. Maƙwabciyata ta ce ta ga ta bi burtali da gudu, tana cewa duwatsun sun matso.

A wajenmu uwa ba ta kama sunan ɗanta na fari. Tun da aka raɗa mata suna bai taɓa fita daga bakina ba. "Ke" nake cewa, ko "yarinyar nan". Haka na zari mayafi na bi burtalin ina "Ke! Ke!", iska na kwashe muryata. Zuciyata tana kan tsofaffin rijiyoyin da ciyawa ta rufe.

Na wuce gonakin garinmu na shiga na mutanen da ban sani ba. Wani dattijo ya ajiye fartanya ya ce, "Baiwar Allah, wa kike nema? Faɗi sunanta mu taya ki kira."

Na dubi ƙasa na faɗa masa a hankali, sannan na ɗaga murya na kira da kaina, har maƙogwarona ya yi zafi.

Can muka hango ta a kan suri, ta ba mu baya. Na kira, na sake kira, ba ta juyo ba. Sai da dattijon ya kira sannan ta waiwayo.

Hadarin ya watse, ko ɗigo bai sauka ba. Ta ce, "Sun tafi, Umma. Ban kai ba."

Ƙafafunta sun sha ƙaya. Na goya ta duk girmanta. A hanya na ce, "Ina ta kira, kika yi banza da ni."

"Ban san ke ce ba. Na zaci wata mata ce." Ta kwantar da kai a bayana. "Sake faɗa."

Na sake faɗa, ƙasa-ƙasa. Ina ta faɗa mata har muka fara hango dangar gidajenmu, sannan na yi shiru.