Layin Gamba a Hanyar Sandamu

Gonar da na gada tana kan hanyar Sandamu, tana maƙwabtaka da ta ɗan ƙanen mahaifina. Abin da ya raba su layin gamba ne da kakanmu ya dasa. Kowace kaka mukan yanke ta tare, kowa ya kwashi rabonsa ya saƙa zana, kuma yankan nan shi ke tsare layin a inda yake.

Wata damina garmar shanunsa ta shigo cikin kunyoyina. Magana ta gagari mai unguwa, ta gagari dagaci, har ta kai gaban alƙali. Kotu ta hana mu duka biyu taɓa wurin sai an yanke hukunci. Ni kuwa roƙo guda na shigar, cewa alƙali ya taka ya ga gambar da idonsa, domin ba ni da shaidar da ta fi ta.

Roƙon nan ya kwanta. Yau a ce alƙali ya tafi taro, gobe a ce an yi masa canjin wurin aiki, sabo kuma sai ya faro daga tushe. Ni da abokin shari'ata muka saba da bencin ƙofar kotu, har ya riƙa tsokanata.

"Yaya, yau ma ka sha babbar riga domin a ɗage?"

"Gara ni," nakan ce masa. "Kai ko wanka ba ka yi wa ɗagewar ba."

Damina ta bi damina. Ranar nan magatakarda ya shaida mini cewa babbar kotu ta umarci na ƙasa da ita su gaggauta duk roƙon da ya daɗe a ajiye. Mako bai zagayo ba sai ga mu a gona, har da alƙali.

Gambar da aka hana mu yanka ta zubar da iri, ta bazu gabas da yamma. Shanun makiyaya sun cinye tsohon layin, sabara ta rufe saura.

"Baba, ina iyakar?" in ji alƙali.

Na shiga ciyawa da sandata, ina neman tushen da na sani tun ina yaro. Na tsaya nan, na matsa can. Abokin shari'ata, wanda ganinsa ya riga ya raunana, ya kamo hannun rigata.

"Yaya, don Allah ina ne ma?"

"Allah ya gafarta Malam," na ce wa alƙali, "ban gane wurin ba."

Aka kawo igiya aka auna wurin da muke rigima a kai, aka raba biyu daidai. Ko na ci riba ko an rage mini, ban sani ba har yau. Na sa hannu a takarda. Sassabe wannan sabarar aikin mai ƙarfi ne, 'ya'yana kuwa duk suna Kano. Bana ma ban shuka ba.