Watannin da Mushe Idi Ya Jera a Bango

Wata Alhamis ce cikin watan Oktoba, shekarar da na shiga aji biyar a lakol, wato makarantar bokon ƙauyenmu, can gabas da Cadawa. An gama yankan gero, dammuna na jibge a bakin rumbuna, ƙamshin sabuwar gyaɗa da mata ke gasawa yana shigowa aji ta taga. A wancan zamani ba a karatu ranar Alhamis, saboda haka lakol ɗin shiru, sai mu ƴan kaɗan da muka zauna a kan benci muna kallon malaminmu Idi, wanda muke kira Mushe Idi kamar yadda ake kiran malami da Faransanci. Yana tsaye a gaban bangon baya da gawayi a hannu, domin allo kullum gogewa ake yi, shi kuwa abin da zai rubuta yana so ya kwana shekara. Ya zana da'ira tara a jere, daga Oktoba har Yuni, ya juyo ya dube mu ya ce, "Kowane wata da duniyarsa. Ku za ku zaɓa."

Mushe Idi saurayi ne ɗan Maradi, siriri, mai saurin tafiya kamar an kira shi. Ya zo mana da kwali guda cike da littattafan Faransanci, dukansu labaran abin da bai faru ba: wasu na injuna da taurari da zamanin da bai zo ba, wasu na ƙasashen aljannu da sarakunan da ba a taɓa naɗawa ba. Duk Alhamis bayan la'asar, in mun gama ɗebo ruwa da yanko wa awaki ciyawa, sai mu taru ya karanta shafi, ya juya mana shi da Hausa. A ƙarshen wata kuma kowa ya kawo labarin da ya ƙaga da kansa a kan duniyar wannan wata. Wasan langa ma mun rage saboda wannan zama.

Ranar zaɓen an yi gardama sosai. Mamman ɗan maƙeri ba ya son komai sai ƙarfe mai tafiya da ƙarfe mai magana. Bello, abokina, wanda rugarsu ke bayan gari, shi dabbobi masu mulki yake so da mutanen da ke rikiɗa. Da muka kasa jituwa, Mushe ya raba mana: wata guda na injuna, wata guda na abin al'ajabi, haka har ƙarshe. Da'irar ƙarshe ta rage, ga kuma littattafai masu kauri a gindin kwali waɗanda duk labarinsu na duniyoyin da sama ba ta taɓa zubar da ruwa ba ne. Mushe ya ce a bar su sai Yuni, lokacin an gama jarrabawa, kai ya huta. Muka ɗaga hannu gaba ɗaya. Dukanmu ƴaƴan manoma ne da makiyaya, amma rumbu cike yake, babu wanda ya tuna abin da ake jira a watan.

Wadda ta fara zargin zaman namu ita ce Gwaggo Hajo, yayar mahaifina, da ke zaune a gidanmu tun rasuwar mijinta. Ita ce mai tatsuniyar unguwarmu, kuma ba ta ji daɗin yadda dandalinta ya rage jama'a ba, ko da yake ba ta taɓa faɗa ba. Takan tsare ni in na kawo mata itace, tana dama fura tana tambaya kamar ba da gangan ba. Da rana tsaka yake ba ku labarin? Da me yake buɗewa? In ya gama, me yake cewa? Na ce ba ya cewa komai, rufe littafi yake yi, sai wata Alhamis. Ta ajiye ludayi. A wurinta, tatsuniya ƙarya ce da aka sani, ana buɗe ta da kalmominta, a rufe ta da ƙurunƙus, kowa ya kwanta ya san babu abin da ya rage a waje. "Labarin da ba a rufe bakinsa ba, yawo yake yi cikin gari," in ji ta. Abin da ya fi damunta shi ne jerin watannin. Ta sa na faɗa mata su ɗaya bayan ɗaya, tana lanƙwasa yatsu tana mayar da su lissafin manoma. Da muka kai na ƙarshe ta ga ya faɗa a kan watan bakwai, watan shuka, sai ta ce, "Wa ya ba shi watan da bai tsaya ba, har yake zuba masa kaya?"

Daga bakinta maganar ta je bakin rijiya, daga rijiya ta shiga gidaje. Sai kuma aka fara lissafi. A watan ƙarfe mai magana aka kawo injin niƙa na farko a garinmu, aka ce to. A watan garuruwan ƙarƙashin ƙasa wata tsohuwar rijiya ta rufta a ƙauyen da ke maƙwabtaka da mu, aka dubi juna. Watannin da babu abin da ya faru, babu wanda ya ƙidaya su. Daga baya na zauna a ƙasashe da dama, na ji mutane suna zargi da Larabci da Faransanci da harshen Asante, kuma ko'ina hanyar ɗaya ce: abin da ya dace a riƙe shi, abin da bai dace ba a bar shi ya wuce. Amma a lokacin ni yaro ne, kuma nakan tsinci kaina ina kallon hannun Mushe in yana buɗe shafi, ko zan ga laya a ƙarƙashin agogonsa.

Bazara ta zo da zafinta. Muka yi sassabe, muka ƙone kalgo da sabara, aka kai taki gona a kan jakuna. Shamuwa ta iso ta yi sheƙa a kan gawon bakin masallaci, wasu suka yi shukar binne, suka zuba iri cikin busasshiyar ƙasa suna jiran Allah. Yuni ya kama, Mushe ya fito da littattafan nan masu kauri kamar yadda aka tsara, ya fara karanta mana labarin mutanen da ba su da kalmar hadari a harshensu. Sama kuwa fara fat. Hadari ya haɗu a gabas da yamma, iska ta watsa shi. Tsuntsaye da ɓeraye suka tone binnen. Aka fita roƙon ruwa, maza suka juya rigunansu, aka raba mana gumba sadaka, shiru. Iyaye mata suka fara ƙirƙiro wa ƴaƴansu aike duk Alhamis. Waɗanda muka ci gaba da zuwa, mukan ga inuwar mutum ta tsaya a jikin taga, ta saurara, ta wuce ba sallama.

A ƙarshe dattawa suka tura mahaifina da liman. Ni na riƙe musu tabarma, shi ya sa na ji. Mushe ya tarbe su a tsaye, fuska ɗaure, domin shi ma yana da nasa zargin. Ya san da yawa cikin iyayenmu ba da son ransu aka rubuta ƴaƴansu a lakol ba, kuma yana ganin wannan hanya ce kawai aka samu ta rushe masa aji. Ya fara bayani a kan iska da teku da yadda girgije ke haɗuwa. Mahaifina ya bari ya gama, sannan ya ce, "Mushe, ba mu ce kai ne ba. Ruwa na Allah ne. Amma wanda ke da majinyaci a ɗaki ba ya son a zauna a ƙofar gidansa ana hirar makabarta." Mushe ya juya ga bango. Daga nan ya jiƙa tsumma ya goge da'irar ƙarshe, ya rubuta wani abu a madadinta: garuruwan ƙarƙashin teku. Ya yi hakan ne don a bar mana zamanmu, ba don ya yarda ba. Alhamis ɗin da ta biyo ya karanta mana labarin mutane masu gidajen gilashi, kifaye na wucewa ta saman rufinsu kamar tsuntsaye. Muryarsa babu daɗi, kamar mai karanta takardar haraji.

Wata Alhamis ba ta zagayo ba sai da aka yi ruwa. Ruwa mai nauyi, irin wanda ke cika kududdufai ya kwantar da danga. Gari ya fita da sungumi, manya na sara, mu muna bin su muna jefa iri muna rufewa da ƙafa, ƙasa na manne mana a dugadugai. Ni da Bello muka haɗu a hanyar gona muna murna, muna cewa yanzu kam an wanke Mushe, zamanmu ya tsira. Ba mu gane cewa wannan ruwan ne zai kashe zaman ba. Da a ce rashin ruwan ya ci gaba, da an ce ashe babu ruwan malam. Amma ya goge, ya rubuta teku, sama ta zubo. Waɗanda a da suke shakka, yanzu suka tabbata. Aka fara gaishe shi da russunawa, amma uwa ta ja ɗanta gefe in zai wuce.

Da aka koma lakol bayan kaka, ranar tsara watanni ta sake zagayowa. Mushe ya shafe bango da farar ƙasa, ya zana sabbin da'ira tara. Sai dai wannan karon ba mu kaɗai ba ne. Manya sun shimfiɗa tabarmi a gindin taga, wai inuwa suke sha. Tun da safe arɗon su Bello ya aiko da ƙwaryar nono, da saƙon cewa don Allah kada a sa labarin gobara ko annobar dabbobi a rani. Wani attajirin hatsi, wanda kakanninsa suka zo daga wajen Katsina, ya aiko da goro ba tare da wani saƙo ba, kuma rashin saƙon ya fi saƙo tayar da hankali. Manoma suka ce ai mai tara hatsi ba ya addu'ar damina mai albarka, watan rashin ruwa ya zo saye. Mushe ya mayar da nonon, ya mayar da goron, aka ce to wani ya riga su biya.

Muka fara kawo shawara, amma duk abin da aka ambata sai an auna shi a waje. Mamman ya ce tafiya cikin taurari, wani tsoho ya yi gyaran murya, domin samarin gari sun fara tafiya cin rani Najeriya ba sa dawowa shuka. Aka ce injuna masu aiki da kansu, aka tuna matan da ke dakau suna samun abin sayen sabulu. Aka ce mutanen da ba sa mutuwa, liman ya tashi ya kaɗe rigarsa. Abin da ya fi ciwo shi ne zargin ya shigo cikinmu. Bello ya ce a yi watan da shanu ke mulkin duniya, abin da yake so tun bara, amma sai na ji kaina ina tunanin ko arɗo ne ya sa masa maganar a baki, don dabbobinsu su shiga gonaki kafin a kwashe wake. Ni ma da na ce a yi watan bishiyoyi masu tafiya, Bello ya harare ni ya ce, "Kai, ɗan Haɓe, burtali kuke so ku toshe mana ko?" Wasa muka saba yi da irin wannan magana, amma ranar babu wanda ya yi dariya.

Mushe Idi na tsaye da gawayi har rana ta yi ja, bai rubuta ko harafi ɗaya ba. Can ya ajiye gawayin a bakin taga, ya ce, ba da mu ba, ba kuma da na waje ba, "Labarin da bai taɓa kowa ba, ban san inda ake sayar da shi ba." Ya ce mu tafi gida. Ba mu sake zama ba. Ya ci gaba da koya mana lissafi da Faransanci har ƙarshen shekara, da'irorin nan tara na bayanmu babu komai a cikinsu, sannan ya nemi a mayar da shi wajen Gidan Rumji, ya ɗaura kwalinsa a bayan mota ya tafi. Damina ta zo a shekarar daidai gwargwado. Wasu suka ce don ya tafi ne, wasu suka ce don bai rubuta komai ba.

Yau jikata tana da irin wannan ƙungiya a Maradi, ita da ƙawayenta na jami'a. A cikin waya suke tsara watanninsu, kafin shayi ya huce sun gama shekara guda: watan injuna masu tunani, watan bokaye, watan ƙarshen duniya. Littattafan ma a wayar suke, da Hausa da Faransanci da Ingilishi, sun fi kwalin Mushe sau ba adadi. Na tambaye ta ko akwai wanda ya taɓa tuhumarsu a kan abin da suka zaɓa. Ta yi dariya ta ce, "Kaka, wa ma ya san muna yi?" Na ji daɗi da aka bar su suka sarara, domin mu ba a bar mu ba, kuma har yau ina jin haushin littattafan gindin kwalin da ban ji ƙarshensu ba. Duk da haka in na tuna garin nan da ya ajiye aikinsa ya zo ya zauna a gindin taga don jin abin da yara za su karanta, sai na ji ina kewarsa. Tsoron labari suke ji, kuma ban ƙara zama inda aka ɗauke shi da nauyi haka ba.