Rawanin da Aka Warware a Mansura

Shekara talatin da ɗoriya na yi ina koyar da adabin Turanci a wata makarantar sakandare ta ƙasar Zazzau. A cikin dukan abin da na karantar, babu wanda na fi alfahari da shi kamar wasannin kwaikwayon da Turawan Ingila na dā suka rubuta a kan sarakunansu. Sarakunan cikin waɗannan wasanni ba safai suke cikawa da daraja ba. Wani sarkin ɗan'uwansa ne zai tuɓe shi, wani a kashe shi a kurkuku, wani kuwa ya sami gadon amma barci ya ƙaurace wa idonsa. Nakan tsaya gaban allo in bayyana wa ɗalibai yadda mulki yake fita daga hannu ya shiga wani, ina jin daɗin muryata. A lokacin ban taɓa ganin an tuɓe kowa da idona ba.

Bayan rasuwar maiɗakina, ɗana da ke aikin harhaɗa magunguna a Doha ya ɗauko ni na zauna wurinsa a unguwar Al-Sadd. A nan na san mutumin da Hausawan garin suke kira Sarki. Dattijo ne daga Zangon Kumasi, direban motar da ke kai ma'aikata unguwar masana'antu ta Industrial Area ta komo da su. Jama'a ne da kansu suka naɗa masa farin rawani shekarun baya, a cikin wani gareji, domin a sami wanda zai raba faɗa, ya je wurin kafil, wato ubangidan da ya ɗauki nauyin zaman ma'aikaci a ƙasar, idan an matsa wa wani, ya kuma bi takardun gawa idan ɗayanmu ya cika. Ba ya ɗaura rawanin sai ranar Juma'a. Mun shaƙu ƙwarai. Shi yana kirana Malamin Turawa, ni kuwa ina ce masa ranka ya daɗe, rabi wasa rabi gaske.

Sai wani maigadi mutumin Sakkwato ya rasu, gawarsa ta yi makonni a ɗakin ajiyar gawa ba a sallame ta ba. Kullum aka tambayi Sarki, sai ya ce ya miƙa takardu, ana jiran hukuma. Daga baya aka tsinci takardun a aljihun motarsa, ko buɗe su ba a yi ba. Ba ƙarya ya yi da gangan ba. Mantuwa ce ta tsufa ta fara kama shi, kuma har zuciyarsa ya gaskata cewa ya kai su.

Matasanmu masu gadi da tuƙi suka fusata, suka ce a sake shugaba. Dattawan Zango suka kawo shawara mai sauƙi. Suka ce izinin zamansa saura wata uku ya ƙare, kafil ɗinsa kuma ba zai sabunta ba saboda shekaru. A naɗa wakili ya riƙa yin aikin, a bar dattijo da rawaninsa ya koma Kumasi da shi a ka, domin a wurinmu ba a warware rawani daga kan mai rai sai idan wulaƙanta shi ake nufi. Abin da ya rage masa ke nan bayan shekaru masu yawa a baƙunci: ya sauka gida jikokinsa su ce Sarki ya dawo.

Ni ne na ƙi wannan shawara. Na miƙe na ce shugaba biyu a wuri guda tushen fitina ne, kuma na karanta yadda irin wannan ta cinye ƙasa sukutum. Na ba su labarin wani wasa inda aka tara majalisa, aka sa sarki ya miƙa kambinsa da hannunsa a gaban kowa, don kada wani ya ce ƙwace aka yi. Na tsara maganar yadda nake tsara ta a aji. Matasan suka kasa kunne, dattawan suka sunkuyar da kai, domin babu mai son musu da wanda ya yi karatu. Aka tsaya a kan maganata, aka zaɓi wanda zai gaje shi. Na koma gida ranar ina jin kaina kamar na ceci al'umma.

Ranar Juma'a bayan an sauko daga masallaci muka taru a wani falo a unguwar Mansura, inda mutum takwas suke haya tare. Takalma sun cika bakin ƙofa, na'urar sanyaya ɗaki tana ta gurnani ba ta sanyaya komai. Sarki ya shigo da rawaninsa, yana zaton zancen mamacin za a yi.

"Malamin Turawa, yau kai ne a gaba?" in ji shi. "To, Allah ya sa ba jarrabawa za ka ba mu ba, ni ban yi bita ba."

"Ranka ya daɗe, zauna tukuna," na ce.

Ya zauna a kan kujera ɗaya tak da ke ɗakin. Na yi bayani mai tsawo. Na yabi hidimarsa, na ambaci takardun, sannan na zo kan labarin sarkin da ya miƙa kambi da hannunsa. Bai katse ni ba. Da na gama sai ya dube ni, ba jama'a ba.

"Malam, a littafin naka, da ya miƙa, ina suka kai shi?"

Na san amsar. Kurkuku suka kai shi, a can kuma aka kashe shi. Wannan kashin na labarin ban gaya wa matasan ba.

"Ai wasa ne kawai, ranka ya daɗe," na ce.

"To, a yi wasan."

Ya ɗaga hannu ya zare bakin rawanin daga inda ya cusa shi. Ban taɓa sanin tsawon rawani ba sai ranar. Yana warwarewa yana tarawa a cinyarsa, zagaye bayan zagaye, ba wanda ya iya miƙewa ya taimake shi, ba kuma wanda ya iya cewa ya bari. Da ya kai ƙarshe sai ga 'yar hula ta ciki wadda zufa ta rina, ga furfura ta manne a gefen kai. Ya ninke yadin a tsanake. Wanda aka zaɓa ya gaje shi ya matso ya miƙa hannu biyu, amma Sarki ya wuce shi, ya ɗora mini a hannuna.

"Kai ka ce a cire, kai za ka riƙe. Khalas, magana ta ƙare."

Ya nemi takalmansa a cikin tarin ya fita.

Sabon shugaban ya ƙi taɓa rawanin, ya je kasuwa ya sayi nasa. Ashe kuma wani daga cikin matasan ya ɗauki abin da ya faru da wayarsa, hoton ya riga dattijon isa Kumasi. Bai jira wata ukun ba. Ya tafi cikin mako biyu, kuma mutum biyu ne kacal suka raka shi filin jirgi. Ni ban je ba, kunya ta hana ni.

Bara wani mutumin Zango zai je ganin gida, na naɗe rawanin a leda na roƙe shi ya kai masa, tare da gaisuwa da neman gafara. Bayan wata guda ya dawo mini da ledar yadda na ba shi. Ya ce ya sami dattijon zaune a ƙofar gida, mantuwar ta yi nisa, har 'yarsa ta fari ba kullum yake gane ta ba. Da aka buɗe masa ledar ya daɗe yana shafa yadin, sannan ya tura shi gefe ya ce wannan ba nasa ba ne, na Malamin Turawa ne, a mayar masa.

Yana nan a saman durowata a Al-Sadd, kusa da tsofaffin littattafan da na taho da su daga Zariya. Jikata ta taɓa tambayata ko nawa ne, na ce mata ajiya aka ba ni.